Sansane Hausa, garin da ke hagun kogi

Matafiyin da ya bar Yamai ya kama babbar hanyar Tilaberi, idan ya ci kimanin kilomita 70, zai iske wani gari a bakin kogin Isa mai sunan da kan sa Bahaushe ya waiwaya: Sansane Hausa. Kalmomin biyu duka sanannu ne a kunnensa. Sansani dai ya san shi, wurin da mayaƙa ke yada zango kafin su fita daga. Hausa kuwa sunansa ne da na harshensa. Sai ya ɗauka ko wani zango ne da fatake ƴan uwansa suka kafa a zamanin da. Amma idan ya sauka ya yi sallama, da Zabarmanci za a tarye shi, kuma dattijan garin ba su jingina asalinsu ga Katsina ko Gobir ko Daura.

Warwarar wannan ƙulli tana cikin harshen mutanen kogi. Tun daga Tumbutu har zuwa Dandi, masu magana da Songai da Zabarmanci sun raba duniya gida biyu, kogi ne tsakani. Idan mutum ya fuskanci inda ruwa ke gangarawa, gaɓar da ke hagunsa ita ce hausa, ta damansa kuwa gurma. Shi ya sa ake samun garuruwa tagwaye masu kallon juna, kamar Sorbo Hausa da Sorbo Gurma, da ke ƙasa kaɗan da garin da ake magana a kansa. Can wajen Gawo akwai ƙauyen Hausa Fulani, can gaba kuma Gurma Rarus. Sunan Gurmawa da na Fada N'Gurma duk daga wannan rabo suka fito. Ashe Sansane Hausa na nufin sansanin gaɓar hagu, ba wani abu ba.

Duk da haka, Bahaushen da ya ji sunan ya taɓa shi bai yi kuskure gaba ɗaya ba. A shekara ta 1968 masanin harshe Neil Skinner ya kawo ra'ayin cewa sunan al'ummar Hausa kansa yana iya zama daga wannan kalma ta Songai ya samo tushe, wato mutanen da ke zaune can gabas, a ɓangaren hagun kogi. Masana ba su haɗu a kan maganar ba, kuma akwai waɗansu ra'ayoyi. Abin da babu gardama a kai shi ne harsunan biyu sun daɗe suna musayar kalmomi a bakin ruwa. Tsibiri a Songai gungu ne, kuma da wannan kalma Hausawa ke kiran mazauna tsibiran Yawuri Gungawa. Masunta ƴan gado a Songai su ne Sorko, a Kabi kuwa Sarkawa, sana'arsu sarkanci. Ayu sunansa ɗaya a bakin kowa. Kalmar sansani ma ta yi tafiya mai nisa tare da mayaƙa da fatake, har ta sauka arewacin Togo a sunan Sansane Mango, garin da ayarin goro ke ratsawa a hanyar Gwanja.

Wanda ke son fahimtar tarihin wannan gari sai ya fara duba ƙasarsa. Kogin Isa, mai tsawon kusan kilomita 4.200 daga tsaunukan Gine zuwa teku, yana ratsa Nijar bisa kilomita 550 kawai, a kusurwar yamma. A wannan yanki yana gangarowa ne daga arewa maso yamma zuwa kudu maso gabas, cikin kwari mai faɗi, yana rarrabuwa rassa-rassa yana barin tsibirai a tsakiya. Daga bakin ruwa akwai fadama mai baƙar laka, sai jigawa inda ake noman hatsi da wake, sai kuma tudu mai marmara wanda ke miƙewa gabas har Zarmaganda, ƙasar da rijiyoyinta ke da zurfi, ruwanta kuma ba shi da tabbas. Ruwan sama a nan bai cika wuce milimita 400 zuwa 500 a shekara ba, cikin wata uku ko huɗu. Albarkar wurin duka tana cikin wani siririn zirin ƙasa da mutum zai iya ratsawa da ƙafa kafin rana ta ɗaga.

Gaɓoɓin biyu ba su yi kama ba ta fuskar ruwa. Duk rafukan kirki da ke ƙara wa kogin ƙarfi a Nijar ta yamma, irin su Goruwal da Dargol da Sirba, daga ɓangaren gurma suke fitowa, daga ƙasar Burkina Faso da Liptako. Ɓangaren hausa ba shi da komai sai ƙoramu masu gudu na yini ɗaya bayan an yi ruwa. Sansane Hausa na kusa da bakin biyu daga cikin waɗannan rafuka: Dargol yana faɗawa kogi a yankin Goteye, da ke tsallake, Sirba kuma ƙasa kaɗan. Kwarin rafi a ƙasar Sahel hanya ce, domin nan ruwa yake, nan makiyayi da falke ke bi. Duk wanda ya biyo Sirba ko Dargol daga ƙasar Mosi da Dori, a wannan yanki zai fito bakin kogi ya nemi fito.

Babban abin da ya bambanta rayuwar nan da ta Maraɗi ko Tawa shi ne kogin yakan cika sau biyu a shekara. Cikar farko tana zuwa da damina, cikin Agusta da Satumba, lokacin da rafukan gurma ke kwararo ruwa mai jan laka. Ita ce ake kira jan ruwa. Ta biyu kuwa ruwan da aka yi ne a Gine, wanda ya shiga manyan fadamun Masina ya bazu, ya yi watanni yana tafiyar hawainiya, ya ajiye lakarsa a can, sannan ya iso nan garau cikin Disamba da Janairu, lokacin da babu ko ɗigon ruwan sama. Wannan shi ne baƙin ruwa. Manomin Gulbin Maraɗi ya san ruwan gulbi na zuwa da damina ya tafi da ita. Mutumin kogin Isa kuwa, a tsakiyar hunturu, ana busa iskar ɗari, yake ganin ruwa ya hau ya rufe tsibirai. A kan wannan cika ta biyu aka gina noman shinkafar gargajiya mai doguwar kara, wadda ke tsawo tare da hawan ruwa, har a girbe ta daga cikin kwalekwale. A kanta kuma ciyawar burgu ke rayuwa, wadda idan ruwa ya janye da bazara take zama abincin shanu a lokacin da daji ya ƙone ƙurmus. Saboda burgu Fulani da Buzaye ke saukowa bakin kogi kowace shekara, da son masu gari ko ba da sonsu ba.

Mafi daɗewa a kan ruwan su ne Sorko. Su ne masu farautar dorina da zago, masu kama giwan ruwa da ayu, kuma su ne ake ɗauka masu amana da iskokin kogi, waɗanda babbarsu ita ce Harakoi Dikko. Musulunci ya daɗe da kafuwa a yankin, amma sunanta bai ɓace daga bakin masunta ba. Jean Rouch ya ɗauki hoton irin wannan farauta ta dorina a farkon shekarun 1950, can sama a wajen Ayaru.

Sai dai sunan da ƙasar ke ɗauke da shi na Kurte ne. Bisa abin da ake ruwaitowa, kakanninsu Fulani ne da suka gangaro daga Masina a ƙarni na 18, suka zauna a tsibirai da gaɓoɓin da ke tsakanin Tilaberi da Yamai, suka yi auratayya da Songai da Sorko har suka bar Fulatanci. Sun riƙe son shanu irin na kakanninsu, suka haɗa da gwanintar tuƙin jirgi da suka koya a wurin surukansu. An san su da ƴar tsaga mai kamar gicciye a kan kowane kunci. An kuma san su da wani abu da zuriyarsu ba ta ɓoyewa: hari cikin dare bisa kwalekwale, a sauka ƙauyen da ke barci a bakin ruwa, a kwashi mutane da dabbobi, kafin gari ya waye an yi nisa. Jean-Pierre Olivier de Sardan, wanda ya tattara labarunsu daga bakin dattijai, ya sa wa littafinsa na 1969 suna da ke nufin ɓarayin mutane. Maƙwabtansu na sama, Wogo na tsibiran Sindar, manoman shinkafa ne da suka zo daga wajen Gawo, waɗansunsu kuma daga baya suka zarce har ƙasar Zazzau.

Ƙarni na 19 bai bar kowa ya yi barci da ido biyu rufe ba a wannan kwari. Tun bayan da sojojin Maroko suka rushe daular Songai a 1591, babu wata babbar sarauta da ta sake haɗa kogin a hannu ɗaya. Daga kudu akwai tasirin Say, garin malamai da Alfa Mahaman Jobbo ya raya wajen 1825, wanda ke bin Gwandu. Daga arewa akwai Buzaye, masu karɓar gandu a hannun ƙauyuka, wanda ya ƙi biya ya ga mahara. Tsibiri ya zama mafaka, domin raƙumi da doki ba su da ta cewa a ruwa mai zurfi. Garin da ya zauna a gaɓa kuwa dole ya iya zama da kowa, ya biya wannan, ya yi abota da wancan.

Abin da ya sa irin wannan zama ya yiwu shi ne kasuwa, don ko maharbi yana buƙatar inda zai sayar da abin da ya harbo. Heinrich Barth, da ya biyo gaɓar gurma cikin Yuli na 1854 a hanyarsa daga Tumbutu zuwa Say, ya bayyana Sindar a matsayin babbar kasuwar hatsi da makiyayan hamada suka dogara da ita. A ƙarshen ƙarnin, Sansane Hausa ta shiga sahun kasuwannin da suka yi suna a wannan yanki na kogi. Hatsi da shinkafa na fitowa daga tsibirai, dabbobi daga hannun makiyaya, gishiri daga arewa da Dallol Foga, tufafin Kano da na Nufe daga hannun fatake. Kuma ana sayar da bayi. Wannan zamani ne da mayaƙan Zabarma, irin su Babatu na N'Dunga, ke kama mutane a ƙasar Gurunsi, arewacin Gana ta yau, kuma da yawa daga cikin kamammun kasuwannin kogi aka koro su. Mai rubuta tarihin garin da ya tsallake wannan babi don kunya, ya rage masa gaskiya. Kuma zai kasa bayyana dalilin da ya sa har gobe batun asalin ɗa da bawa ke da nauyi wajen neman aure a yankin.

Turawa sun fara raba wannan ƙasa a takarda tun ba su taka ta ba. A ranar 5 ga Agusta 1890 Faransa da Ingila suka ja layi daga Say zuwa Barruwa a bakin tafkin Cadi. Jiragen Hourst suka gangaro kogin a 1896, Faransawa suka zauna Say a 1897. Sai yarjejeniyar 14 ga Yuni 1898 ta sake zana iyaka, ta ba Ingila duk abin da ke cikin da'irar mil 100 kewaye da Sakkwato, ta bar wa Faransa gefen hamada. Cikin wannan shekara, ga watan Mayu, an kashe kyaftin Cazemajou a Damagaram. Gwamnatin Faransa ta shirya runduna da za ta ratsa daga kogin Isa zuwa Cadi, ta ga abin da rabo ya ba ta, ta rama jinin Cazemajou, ta kuma haɗu da waɗansu runduna biyu masu tahowa daga Aljeriya da Kongo. Aka ɗora kyaftin Paul Voulet a kai, mataimakinsa Julien Chanoine, ɗan janar ɗin da ya riƙe ma'aikatar yaƙi a ƙarshen 1898. Su biyun sun riga sun yi suna da rashin imani tun lokacin da suka ci Wagadugu a 1896.

Rundunar ta rabu biyu. Chanoine ya ratso ƙasar Mosi da ƙafa, yana kama ƴan dako a hanya. Voulet ya biyo ruwa da kayan yaƙi ta Tumbutu, inda laftanar-kanar Klobb ya ƙara masa sojoji. A nan ne yanayin kogin ya shiga cikin tarihi: jirage masu nauyi ba su iya ratsa duwatsun Labezanga sai ruwa ya cika, kuma baƙin ruwa, wanda ke raya shinkafa da burgu, shi ne ya ɗauko su ya sauke su lafiya. Wurin haɗuwar da aka zaɓa shi ne Sansane Hausa, a farkon Janairu 1899. Dalilin zaɓen a fili yake. Gari ne na gaɓar hagu, ƙofar gabas, mai kasuwa da rumbuna, kuma an gama kaka ba da daɗewa ba.

Turawan ba su kai goma ba, amma taron da ke bayansu, sojoji da ƴan dako da masu kiwon dawaki da matan da aka kamo, ya tasam ma mutum dubu 2. Gwamnatin da ta aiko su ba ta ba su guzurin da zai ishe su ba. An bar su su ci daga abin da suka tarar. Mai karatu ya ƙiyasta abin da baki dubu 2 ke ci a yini, ya kuma tuna ƙasar siririn ziri ce tsakanin ruwa da marmara. Mutanen yankin ba su ɗaura yaƙi da Faransa ba, suna ma ƙarƙashin kulawar barikin Say a bisa takarda. Sun ba da abin da suka iya. Da aka nemi ƙari, ƙauyuka suka fara watsewa, mutane na gudu tsibirai da dabbobinsu, Voulet kuma ya ɗauki gudun a matsayin tawaye.

A daren 8 zuwa 9 ga Janairu aka saki ƴan sintiri cikin ƙauyukan kewaye. Bisa bayanin da ɗan majalisa Paul Vigné d'Octon ya fallasa a Faransa a 1900, sun komo da shanu 250, tumaki 500, dawaki 28 da kamammu 80. Da yake an raunata waɗansu sojoji, Voulet ya sa aka ware mata masu goyo 20 da ƴaƴansu, aka kai su bayan sansani aka kashe da masu, wai don a yi wa saura ishara. Kwamandan Say ya ga gawarwakin daga baya. Adadin da binciken Faransawa kansu ya riƙe na waɗanda aka kashe a Sansane Hausa shi ne mutum 101. A ranar 13 ga watan aka cinna wa garin wuta. Vigné d'Octon ya ce garin na da mazauna dubu 10. Ko da an yi ƙari a lissafin, kamar yadda aka saba a rubuce-rubucen lokacin, ya nuna abin da aka ƙone ya wuce ƙauye.

Ya dace a tsaya a kan wannan kwanan wata. An daɗe ana ba da labarin Voulet da Chanoine kamar na mutane biyu da zafin rana da nisan gida suka juya wa hankali sannu a hankali, har suka haukace can cikin ƙasar Hausa. Wannan fassara ta yi wa hukumar mulkin mallaka daɗi, don ta mai da laifin tsari ya zama ciwon mutum biyu. Abin da ya faru a Sansane Hausa ya rushe ta. An yi shi mako ɗaya bayan haɗuwar rundunar, a bakin ruwa mai yalwa, kusa da barikin Faransa, babu ƙishirwa, babu abokin gaba da ya ja daga. Tun daga ranar farko haka aka tsara tafiyar: a ci da ƙarfi, wanda ya gudu a ƙone gidansa.

Daga nan ne kuma labarin ya fara fita. Laftana Peteau, wanda ya saɓa da Voulet aka sallame shi a ƙarshen Janairu, ya rubuta wa budurwarsa wasiƙa yana zayyana abin da ya gani, wasiƙar ta bi hannu-hannu har ta kai ga ministan ƙasashen mallaka. Cikin Afrilu aka umarci Klobb ya bi sawunsu. Kafin ya cim musu, rundunar ta gwada ratsa tudun gabas, rashin ruwa ya komo da ita, ta bi kogi kudu tana ƙone-ƙone, sannan ta haura Dallol Mawri. Sauran labarin kowane ɗan lakwal a Nijar ya ji shi: Lugu da Sarauniya Mangu ranar 16 ga Afrilu, Birnin Ƙonni ranar 8 ga Mayu, kisan Klobb a Dankori ranar 14 ga Yuli, mutuwar Chanoine da Voulet a hannun sojojinsu ranakun 16 da 17 a wajen Maijirgi, sai faɗuwar Damagaram a ƙarshen watan a hannun waɗanda suka gaje su.

Lugu ta samu marubuci, Abdullahi Mamani, da littafinsa na 1980, ta samu fim ɗin Med Hondo a 1986. Ƙonni tana da ganuwarta da yawan mamatanta. Maijirgi tana da kaburburan kyaftin biyu a bakin hanya. Sansane Hausa, inda aka fara, sau da yawa layi ɗaya take samu a littattafan makaranta. Wataƙila dalili shi ne ba a yi yaƙi a can ba, babu jaruma mai kwari da baka da za a yi wa kirari, sai mata da goyo. Tarihin ƙasa da aka rubuta bayan samun mulkin kai ya fi son masu turjiya a kan waɗanda aka yanka ba su ɗaga hannu ba.

Mutane sun komo sun sake gini, kamar yadda aka saba a bakin kogi, amma kasuwar ba ta koma yadda take ba, kuma ba wuta kaɗai ce sanadi ba. Da Faransa ta kafa yankin soja na uku a 1900, a Sorbo Hausa, maƙwabciyar garin, hukumarsa ta fara zama, har zuwa 1903 da aka mai da ita Yamai, wadda a lokacin ƴan ƙauyuka ce. Hedkwata ta koma Damagaram a 1911, ta dawo Yamai a 1926. Na ƴan shekaru ƙalilan wannan lungu na Kurte ya zama cibiyar abin da zai zama Nijar, sannan abin ya wuce shi. Dokar Disamba 1905 ta hana cinikin bayi, ayarin hamada ya ja baya, an karya ƙarfin Buzaye, harin kwalekwale ya ƙare. Tawayen Umaru na Karma, ƙasa kaɗan a gaɓar hagu, an murƙushe shi a farkon 1906, shekarar Satiru. Ciniki ya koma inda bariki yake, wato Tilaberi da Yamai.

Abin da ya maye gurbin kasuwa shi ne haraji da aikin tilas, wanda ba a soke ba sai 1946, da kuma yunwa. Ta 1913 zuwa 1914, wadda Hausawa ke kira Kakalaba, Zabarmawa na kiranta Ganda Beri. Ta 1931, da fara ta haddasa, ta fi tsanani a yammacin ƙasar, kuma an ci gaba da karɓar haraji ana cikinta. Samari suka kama hanyar kudu bayan kowace kaka, zuwa Kumasi da Ankara, su yi dako da ƙananan sana'o'i su komo da kuɗin haraji da tufafin aure. Wannan ƙasa ta cin rani suna kiranta Kurmi, wata kalmar kuma da suka ara daga Hausa. A zangunan Kumasi jikokin masu kai hari da jikokin waɗanda aka kai wa suka zauna layi ɗaya suna jiran aiki, kuma da Hausa suke ciniki.

Bayan farin 1973 da 1974 gwamnati ta juya ga kogi da niyyar ciyar da ƙasa. Aka kafa ofishin ONAHA a 1978, aka datse fadamu da dama, aka sa injunan jan ruwa, ciki har da filayen Losa da Sona a ƙasar Kurte. Manomi ya samu girbin shinkafa biyu a shekara, ya kuma samu abin da kakansa bai sani ba: kuɗin ruwa, bashin taki, da kalandar da ƙungiya ke tsarawa. Fadamar da aka datse kuwa, a da burgu ce, saboda haka makiyayi ya rasa wani ɓangare na abincin bazara, kifi ya rasa wurin ƙyanƙyasa. Rigimar manomi da makiyayi da ake yi a bakin kogi tana da tushe a nan. A ƙuri'ar ƙananan hukumomi ta 2004, bayan dokar 2002, Sansane Hausa ta zama mazaunin komin ɗin Kurte.

Kogin kansa ya canza hali. A Yuni 1985, bayan shekaru na fari, ruwa ya daina gudu a Yamai, abin da ba a taɓa rubutawa ba tun da aka fara awo. Daga baya sai matsalar ta juye. An sare itatuwa a kwarin Sirba da Dargol da Goruwal, ƙasa ta zama faƙo, ruwan sama ba ya nutsewa sai ya gudu gaba ɗaya zuwa kogi da yashi a bakinsa. Jan ruwa, wanda a da ƙane ne ga baƙin ruwa, ya riƙa fin sa tsawo: haka aka gani a 2010 da 2012, sannan a Satumba 2020 ma'aunin Yamai ya kai kimanin mita 7, ruwa ya fasa datsi ya cinye gonakin shinkafa da gidaje a kwarin. Garuruwan da ke daura da bakin waɗannan rafuka su ne ke fara ganin jan ruwan. Yashi yana cike rassan kogi, wata baƙuwar kainuwa mai shuɗin fure tana toshe mashigai tana hana jefa taru.

A Fariye, ƙasa kaɗan da garin, gada mai sunan Jibo Bakari ta karɓi aikin jirgin fiton da ya yi shekaru yana ɗaukar motocin Tera da Dori. Can sama kuma, kusa da Ayaru, akwai aikin madatsar Kandaji, wadda shugaba Tanja Mamadu ya aza harsashinta a Agusta 2008, aka sake tada aikinta a 2019, ya kuma tsaya bayan juyin mulkin Yuli 2023. An tsara ta ne don ta riƙe wani kaso na baƙin ruwa ta sake shi da bazara, kada kogi ya sake ƙafewa kamar a 1985. Sai dai Dargol da Sirba suna faɗawa kogi ne a ƙasa da ita, saboda haka ruwan da suke kawowa cikin Agusta zai ci gaba da isowa yankin Sansane Hausa ba tare da ya ratsa ta ƙofofinta ba.